Minti Goma Sha Ɗaya a Kan Dandamali

Talata, 4 ga Fabrairu, ƙarfe shida da rabi na safe

Littafin nan na saye shi ne don in riƙa kwafe maganganuna na wasa, saboda kan ɗan shekara sittin da takwas ya fara yoyo. Yau ga ni ina rubuta abin da ba wanda zai biya kuɗin ƙofa ya ji.

Cislyn tana asibiti tun ranar Lahadi. A kan dandamali ta faɗi, tsakiyar kashi na biyu, gidan wasa cike maƙil. Shekara talatin da huɗu muna wasa tare, ita Mis Dassa mai sayar da kifi, ni Mas Zeki malalacin mijinta, har rabin mutanen Jamaika sun ɗauka auren na gaske ne. Ko zazzaɓi bai taɓa hana ta fitowa ba.

Likita ya ce ɓarin jikinta na dama ya shanye, magana kuma ta ɗauke. Ya tambaye ni ƙarfe nawa abin ya fara. Na ce ban sani ba. Yana tambayata yana danne murmushi, ba don mugunta ba, fuskata ce. Tun ina yaro ba mai iya kallon fuskar nan ya daure. Da zai wuce ya ce mahaifiyarsa ba ta taɓa bari shirinmu na talabijin ya wuce ta ba, ko zan sa masa hannu a takarda. Na sa.

Ban sani ba. Haka na gaya masa.

Laraba, 5 ga Fabrairu, ƙarfe huɗu na yamma

Verona ta iso daga Toronto. Ita kaɗai Cislyn ta haifa, ma'aikaciyar jinya ce a can. Ni na riƙe ta ranar baftismarta, ta yi mini fitsari a kwat ɗin aro. Tana hango ni a barandar asibiti ta saki jaka ta faɗo jikina.

"Kawu Ev, na gode wa Allah da kana kusa da ita. Da a gida ne ita kaɗai fa?"

Na bubbuga bayanta.

Muka shiga tare. Na tafi da ruwan kwakwa a kwalba, ashe ko haɗiya ba ta iya yi tukuna. Idonta biyu. Ta dubi Verona, hawaye ya gangaro. Ta dube ni, ta daɗe tana dubana, sannan ta juya kanta bango a hankali, kamar mai tura ƙofa mai nauyi.

Verona ta ce, "Gajiya ce, Kawu."

Na dawo da ruwan kwakwar gida. Yana firij.

Alhamis, 6 ga Fabrairu, tsakar rana

Na dafa kunun masara, na manta shi a wuta.

Asabar, 8 ga Fabrairu, ƙarfe goma sha ɗaya na safe

Na je kasuwar Papine sayen doya da 'ya'yan itacen aki. Da ma ban je ba.

Wani direban tasi, ƙato mai haƙorin zinariya, ya taka birki a tsakiyar titi ya fito ya bar motar a buɗe.

"Mas Zeki! Tsohon banza, saura ƙiris ka kashe ni ranar Lahadi! Layi na uku muke ni da uwargida. Wajen da Mis Dassa ta bugu ɗin nan! 'Dassa, wa ya nuna miki inda nake ɓoye kwalbata?'" Ya karkace baki ya kwaikwayi yadda na kwaikwaye ta. "Na rantse matata sai da ta jiƙa kujera. Ashe daga baya ciwo zai kayar da ita, Allah sarki. Yaya jikin nata?"

Na ce da sauƙi.

"A gaishe ta. Amma wajen buguwar nan ku biyu kun ƙure maleji. Shekara ashirin ina kallonku, ban taɓa ganin irinsa ba."

Masu kayan miya suka taru. Wata ta ce in yi musu tafiyar Mas Zeki. Na yi. Na turo ciki, na ja ƙafa, suka kwashe da dariya, wata ta ƙara mini lemo biyu kyauta.

Babu wata buguwa a wasan. Marubucin bai rubuta ta ba.

Lahadi, 9 ga Fabrairu, ƙarfe biyar na yamma

Me mutane ke yi ƙarfe biyar na ranar Lahadi? Ni dai a wannan lokacin ina bayan labule ina sauraron mutane suna neman kujerunsu. Yau ina baranda. Maƙwabta sun ci shinkafa da wakensu, ina jin ƙarar masu wasan domino daga can ƙarshen layi. Sun daina kirana tun tuni, don kullum amsata ɗaya ce, ina da wasa.

Na tuna makarantarmu ta ƙauye a St. Mary. Malam Pryce ya yi mini bulala shida don na kwaikwayi tafiyarsa aji ya rikice. Da ya gama dukana ya ce in sake yi ya gani. Na sake, ina shessheƙa. Ya juya baya kafaɗunsa na rawa. A bikin rufe makaranta ya sa ni a gaban iyaye. A ranar na fara jin abin. Dariya kan taso daga bayan zaure ta gangaro gaba kamar igiyar ruwa a gaɓar Port Maria, ta ɗaga ka sama. Uwata tana ɗaukar ayaba a ka a gonar wani, ubana ban san kamanninsa ba, takalmi ban sa ba sai da na shekara goma sha huɗu, amma a wannan minti ba wanda ya fi ni a duniya.

Marigayiya Myrtle, matata, takan ce, "Everald, ni ƙwarƙwararka ce kawai, 'yan kallo ka aura." Tana faɗa tana dariya. Ban tabbata dariya take ba.

Wayar ba ta yi ƙara ba yau.

Laraba, 12 ga Fabrairu, ƙarfe uku na rana

Verona ta tare ni tun kafin in kai ƙofar ɗakin.

"Mista Tulloch."

Sai da na waiga, na ɗauka da wani take. Sunana ne, amma ba ta taɓa kirana da shi ba.

Ashe ranar Lahadin nan aka ɗauki wasan a bidiyo, wanda za a sayar wa mutanenmu na London da New York. Na manta sam da masu kyamarar. Likitoci sun matsa sai sun san lokacin da abin ya fara, sai ta je wurin Mista Lyn, mai gidan wasan, ta karɓi kwafin kaset ɗin.

"Minti goma sha ɗaya," in ji ta. "Da agogo na duba. Daga lokacin da murfin tukunya ya suɓuce mata zuwa lokacin da aka saki labule."

"Verona, ban sani ba. Na ɗauka wani sabon abu ta ƙirƙiro. Kin san uwarki, kullum sai ta..."

"Aikina ke nan, Mista Tulloch. Kullum ina gaya wa mutane, a ciwon nan kowane minti wani yanki na ƙwaƙwalwa ne ke mutuwa. Bakinta ya karkace, kai kana karkace naka. Ta dafa tebur don kada ta faɗi, ka janye ta kana rawa da ita."

"Ban sani ba."

"Kada ka ƙara zuwa."

Ba ta ɗaga murya ba. Da ta ɗaga da ya fi mini sauƙi. Ina juyawa wani mai tura gadon marasa lafiya ya ƙwala, "Mas Zeki, yau ma an kore ka daga gida ke nan?" Baranda duka ta ɗauki dariya. Na ɗaga masa hannu.

Juma'a, 14 ga Fabrairu, ƙarfe goma na safe

Mista Lyn ya zo. Shekara ashirin da biyu yana shirya wasanninmu bai taɓa taka gidana ba. Ya zauna a bakin kujera da hularsa a gwiwa, ya ƙi shayi.

"Ev, ba zan yi ta kewaye-kewaye ba. Mutum ashirin da uku ke cin abinci daga wasan nan, daga mai fitila har mai shara. Mako biyu ƙofa a rufe. Ga zuwa ƙasashen waje a watan Mayu, an riga an kama zaure a wuri huɗu."

"Wa zai yi Dassa?"

"Tameka."

Tameka ita ce ke fitowa a 'yar maƙwabta. Shekarunta ashirin da tara.

"Jikata za ka aura mini?"

"A sa mata furfura da tsumma a ƙugu, shi ke nan. Ta haddace komai. Kai mutane ke zuwa gani, Ev."

"Mu suke zuwa gani."

Ya ciro kaset daga jakarsa ya ɗora a kan talabijin. "Wannan shi ne na asali. Ba zan sayar ba, ni ma uwa ce ta haife ni. Ka ƙona shi in ka ga dama." Da ya kai ƙofa ya tsaya. "Allah ya yafe mini, ina bayan zaure a ranar. Ban taɓa jin ginin nan ya girgiza haka ba. Har hawaye na yi don dariya. Ba wanda ya gane, Ev. Ba wanda zai iya ganewa."

Na ce haka ne.

Litinin, 17 ga Fabrairu, da hantsi

Ban kalli kaset ɗin ba. Na rufe shi da tawul.

Laraba, 19 ga Fabrairu, ƙarfe biyu na rana

Garfield ya bugo daga Birmingham. Ɗana ne, amma hirarmu ba ta wuce ta mai tasi da fasinja.

"Baba, kana cin abinci?"

"Kamar doki. Har maƙwabta sun fara ɓoye kajinsu."

Ya yi dariya, ya ce yara na gaisuwa, ya ce sanyi ya yi yawa, ya ajiye. Na daɗe riƙe da kan wayar. Ban san yadda ake yi wa mutum magana ba tare da na jira ya yi dariya ba.

Cislyn kaɗai ce ba ta taɓa yi mini dariya ba. A 1969 muka haɗu, wurin zaɓen 'yan wasan Kirsimeti. Ina ɗaukar kaya a tashar jiragen ruwa a lokacin, ita kuma tana ɗinki a Cross Roads. Aka haɗa mu gwaji. Ina ta zuba kamar famfo, sai ta take mini ƙafa da dunduniyar takalmi, ta ce ta gefen baki, "Kai ɗan ƙauye, kana tsinke dariyar tun ba ta nuna ba. Jira." Na jira don zafin ƙafa, ba don biyayya ba. Zauren ya fashe.

Daga nan rediyo, shekara bakwai. Daga nan talabijin, kowace Alhamis, har an ce ɓarayi kan huta a lokacin shirinmu. Mun yi wasa a coci, a filin ƙwallo, a gidan yari, a zauren London inda tsofaffin mata masu share asibiti suka yi ta kuka don sun ji maganar gida. Na taɓa fitowa a fim ɗin Turawa, direban jirgin ruwa, kalma huɗu, sai aka harbe ni. Wata shida ina taƙama da shi. Ita ce ta ce, "Mutuwarka ma ka yi gaggawa."

A 1981 wani gidan talabijin na Ingila ya neme ta, ita kaɗai. Gida, mota, komai. Ta ce in ba da Zeki ba, a bar zancen. Ba ta gaya mini ba. Bayan shekara goma na ji a bakin wani.

Asabar, 22 ga Fabrairu, ƙarfe shida na yamma

Bitar wasa da Tameka. Yarinyar kirki ce, tana ce mini Mista T, tana kawo mini kujera. Ba ta kuskure ko kalma ɗaya. Amma in ta ɗaga tsintsiya za ta make ni, sai ta tausaya. Cislyn da gaske take dukana. Akwai tabo a gwiwar hannuna tun 1987.

Na ce, "Yarinya, ki dake ni."

"Ba zan iya ba, Mista T. Kakana nake gani."

Da muka iso wurin tukunya a kashi na biyu, na ce a cire shi. Darakta ya ce ai nan ne ƙashin bayan wasan. Na ce a cire, ko ni in cire kaina. Aka cire.

A ɗakin shiri, silifas ɗin Cislyn na nan ƙarƙashin tebur, ɗaya a kife. Ba wanda ya taɓa.

Talata, 25 ga Fabrairu, ƙarfe biyar na yamma

An sallami Cislyn daga asibiti. A bakin mai fitila na ji.

Na dafa miyar jan wake, irin wadda take so, da dankali da wutsiyar alade, na zuba a kula na tafi gidanta a Vineyard Town. Na tsaya a bakin ƙofar gida na ƙwanƙwasa da dutse. Verona ta leƙo ta baranda da tawul a kafaɗa.

"Tana barci."

"Miya ce kawai. Ba sai na shigo ba."

"Ba ta cin gishiri yanzu."

Ta koma ciki. Na ɗora kular a kan ginshiƙin ƙofa na tafi. Na yi ta yawo da mota har Harbour View, ban san me na je yi ba. Da na biyo ta layin bayan awa uku, kular na nan inda na bar ta, kiyashi sun yi layi har murfi.

Alhamis, 27 ga Fabrairu, da safe

Wayar ba ta yi ƙara ba. Ban kalli kaset ɗin ba.

Lahadi, 2 ga Maris, ƙarfe bakwai na safe

Jiya muka buɗe.

Na yi tsammanin ƙafata za ta ƙi hawa matakala, ko muryata ta maƙale. Har na so hakan. Mista Lyn ya fito gaban labule ya ce a yi wa Mis Cislyn Braham addu'a, mutane suka miƙe suka yi tafi mai tsawo. Sai aka ɗaga labule, na leƙo da kaina ta tagar kwali kamar kullum, ban ma buɗe baki ba, igiyar ruwan nan ta taso.

Zan rubuta gaskiya ko da sau ɗaya ne a littafin nan. Na ji daɗi. Awa biyu ban tuna da ita ba. Tameka ta yi ƙoƙari, ni kuwa na cike duk inda ta bari, na ƙara da nawa. Da aka gama ina jiƙe da gumi ina murmushi, sai na ga fuskata a madubi, ga silifas a ƙarƙashin tebur.

Wane irin mutum ne wannan?

Laraba ta Toka, 5 ga Maris, ƙarfe ɗaya na rana

Hutu ne, gari shiru. Na je coci da safe. Fada ya shafa mini toka a goshi yana cije leɓe kada ya yi dariya. Da na dawo na cire tawul ɗin daga kan kaset.

Na kalla sau ɗaya. Ba sai na sake ba.

Ta shigo da tukunya. Murfi ya faɗi. Ta buɗe baki, maganar ta fito a dame kamar kunu. Na yi maganar kwalba, gida ya fashe. Har zuwa nan zan iya tsayawa gaban Ubangiji in ce ban sani ba.

Akwai wata alama tsakaninmu da ba wanda ya san da ita, ko Myrtle, ko Mista Lyn. Tun zamanin da muke wasa a makarantun ƙauye muka ƙulla ta. In ɗayanmu ya shiga uku a kan dandamali, ko magana ta ɓace masa, ko ciki ya murɗa, sai ya ja kunnensa. Ɗayan kuma ya san yadda zai yi ya fitar da shi nan take. Ta fitar da ni ta haka ya fi sau ashirin. Ranar da aka turo saƙon an kai Myrtle asibiti, kunne na ja, cikin rabin minti Cislyn ta kore ni daga dandamali da tsintsiya, ta riƙe mutum ɗari huɗu ita kaɗai.

Ita ba ta taɓa ja ba. Shekara talatin da huɗu.

A minti na uku ta ɗaga hannun hagu ta ja kunnenta. Mai kyamara ya matso da fuskata a daidai nan. Na gani. Ga idona a kan hannunta. Na tsaya kamar numfashi ɗaya. Sai idona ya koma kan 'yan kallo, suna ta tuntsurawa, wasu a tsaye suna dukan kujeru.

Sau uku ta ja.

Alhamis, 6 ga Maris, da asuba

Na ce a raina bari wannan dariyar ta sauka tukuna. Sai wata ta taso a bayanta.

Litinin, 10 ga Maris, ƙarfe tara na safe

Na buga waya sau biyu ina ajiyewa. A na uku Verona ta ɗauka.

"Ni ne. Kada ki ajiye, minti ɗaya nake roƙo. Abin da na gaya miki a asibiti ƙarya ne. Na sani. Tun minti na uku na san ba wasa take ba."

Na gaya mata zancen kunne. Ban yi wa maganar ado ba, karo na farko a rayuwata. Ina jin rediyo a can cikin gidan.

"Na ga tana jan kunne," in ji ta. "Na ɗauka ciwon ne." Ta ja numfashi. "Me kake so in yi da wannan yanzu? In gode maka?"

"A'a. Ita nake so in gaya wa."

"Ai ta sani."

"Ta sani. Ba ta ji daga bakina ba."

Ta ce ranar Asabar za su tashi, za ta tafi da ita Toronto, gidan kuma za a ba da haya. Ta ce ban da "a'a" ba abin da uwar ke iya furtawa, komai aka tambaye ta, a'a. Sai ta ce, "Bari in tambaye ta." Na ji takunta ya yi nisa, ya dawo.

"Ta ce a'a. Amma ta gyaɗa kai. Ni ban san wanne zan ɗauka ba. Ka zo ƙarfe goma sha ɗaya. Tasi zai zo sha biyu."

Asabar, 15 ga Maris, ƙarfe uku na rana

Na sa farar riga mai dogon hannu, na goge ta da kaina.

Falon duk akwatuna. An sauke hotuna daga bango, sai tabon inda suka rataya. Cislyn na kan keken guragu kusa da taga, an sa mata rigar sanyi tun daga nan, an yi mata kitso. Ta rame. Hannun dama na kan matashi kamar ba nata ba. Verona ta tsaya a bakin ƙofar kicin ta harɗe hannu.

Na durƙusa a gabanta. Gwiwoyina suka yi ƙara kamar an karya rake. Ba wanda ya yi dariya.

"Cis," na ce, "na ga kin ja kunne. Duka ukun na gani. Na san me kike nufi. Na ji dariyar, na zaɓe ta. Ba ni da wani abin da zan ƙara."

Ba ta juya bango ba wannan karon. Ta kafe ni da ido. Bakinta ya fara motsi, ɓari ɗaya na aiki ɗaya na kwance. Jijiyar wuyanta ta tashi. Miyau ya zubo, Verona ta taho da tawul, Cislyn ta ture ta da hannun hagu. Ta yi ta fama, ni kuma ina durƙushe. Ban san tsawon lokacin ba.

"Ja..." Ta haɗiye. "Jaki."

Sarai ya fito, kamar daga bayan zaure za a ji shi.

Verona ta toshe baki da tawul ɗin. Ta ce cikin kuka, "Mako shida. Mako shida ina roƙonta ta ce Verona."

Shekara talatin da huɗu tana zagina a gaban jama'a ana biyanmu. Wannan ne na farko da ta zage ni don kanta. Na ce, "Haka ne, Cis." Na yunƙura zan tashi, sai ta damƙi hannun rigata. Da hannun hagun, da ƙarfin da ban zaci ya rage mata ba. Ba ta jawo ni ba, ba ta ture ni ba. Ta riƙe kawai, tana kallon waje ta taga. Na koma na durƙusa. Haka muka zauna har tasi ya yi oda a waje.

Sai da Verona ta ɓamɓare yatsun ɗaya bayan ɗaya. Ni da direban muka ɗaga ta muka sa a mota. Ba ta da nauyi ko kaɗan. Ba ta ƙara dubana ba. Na tsaya a titi har suka sha kwana, sannan na lura an bar ƙofar gidan a buɗe, na ja na rufe.

Lahadi, 16 ga Maris, ƙarfe biyu na rana

Rigar na rataye a bayan ƙofa, hannun dama a cukurkuɗe, ana ganin shatin yatsu huɗu. Na ɗauko ta zan jiƙa da safe, na mayar.

Tun jiya nake juya abin. Ko riƙon kada ka tafi ne, ko na ba ka isa ka tashi ba tukuna. Mutum ɗaya ce a duniya za ta iya gaya mini, tana Toronto yanzu, kuma kalma biyu gare ta.

Ƙarfe biyar akwai wasa. An ce tikiti ya ƙare tun Juma'a. Zan fita ƙarfe uku, saboda cunkoson motoci a Half Way Tree.